Shekara 16 tana neman zinare ɗaya: labarin Aljona Savchenko

Ga rubutun shirin wannan makon, saboda waɗanda data ba ta ba su damar saurare ba da kuma masu son karatu a natse.

Yau ƙwallo za ta ɗan huta. Za mu leƙa wani wasa da yawancinmu a bidiyo kawai muka san shi, wato zamiya a kan ƙanƙara. Na tabbata kun taɓa cin karo da shi a TikTok ko Facebook: mace da namiji sanye da takalma masu ƙarfe a ƙasa, suna gudu a kan daskararren ruwa, can sai ka ga namijin ya cilla macen sama ta yi ta juyawa kamar katantanwa, ya cafe ta kamar ba a yi komai ba. Wasu ma ɗauka suke haɗin kwamfuta ne. To gaske ne, kuma gasa ce mai alƙalai da maki da lambobin yabo. Tun 1908 take cikin wasannin Olamfik.

Na san akwai wanda zai ce ina ruwanmu da wasan ƙanƙara, mu da ke fama da zafin Afrilu, ga shigar 'yan wasan ma ba irin tamu ba ce. Haka ne, wasan mutanen ƙasashen sanyi ne, da al'adarsu ya taso. Amma ku ɗan ba ni aron kunnuwanku. Matar da za mu yi magana a kanta ta je Olamfik sau biyar kafin ta samu zinare, kuma da yawa daga abubuwan da suka tsayar da ita a hanya ba a kan ƙanƙara suka faru ba. A ofis suka faru, da kotu, da ɗakin jarrabawa. Wannan kuwa kowane matashi a ƙasar nan ya san ɗanɗanonsa.

Sunanta Aljona Savchenko. Ana furta shi Alyona.

Bari mu fara da yadda wasan yake, don in ba a gane shi ba labarin ba zai yi daɗi ba. Filin ƙanƙarar tsawonsa mita 60 ne, faɗinsa mita 30, wajen kashi ɗaya cikin huɗu na filin ƙwallo ke nan. Ƙarfen da ke ƙasan takalmin kaurinsa wajen milimita huɗu ne kacal. A kan wannan ɗan siririn abin mutum yake gudu, ya yi tsalle, ya sauka. Akwai masu yin wasan su kaɗai, maza daban mata daban. Akwai rawar ƙanƙara, wadda ta fi karkata ga taku da bin kiɗa. Sai kuma na mutum biyu, wanda shi ne namu na yau, kuma shi ya fi kowanne haɗari.

A na mutum biyu akwai abubuwan da dole a yi. Akwai tsallen jere, inda su biyun za su tashi lokaci guda, su juya sau uku a iska, su sauka lokaci guda. Akwai jifa: namijin ya wurga macen gaba, ta yi juyi uku, ta sauka da ƙafa ɗaya tana tafiya da baya, ba mai tare ta. Akwai cillawa sama, wanda shi ne kuka fi gani a bidiyo, a nan dole ya cafe ta a ƙugu kafin ta taɓa ƙasa. Akwai ɗagawa, ya ɗaga ta sama da kansa, wani lokaci da hannu ɗaya, yana gudu yana juyawa. Sai wanda suke kira zagayen mutuwa: ya kafe kamar turke, ya riƙe hannunta, ita kuma ta kwanta ta yi ta zagaya shi, kanta na neman shafar ƙanƙara.

Da na ce haɗari ba zuzutawa nake ba. A 1996 wata 'yar wasa mai suna Elena Berezhnaya tana atisaye, ƙarfen takalmin abokin wasanta ya sare ta a ka, sai da aka yi mata tiyata, ta sake koyon magana. A 2004 Tatiana Totmianina ta suɓuce daga hannun abokinta a tsakiyar gasa a Amurka, ta faɗo da ka, a sume aka fitar da ita. Dukansu biyu sun dawo sun ci zinaren Olamfik daga baya. Irin mutanen da ke cikin wasan ke nan.

Gasa kuma kashi biyu ce. Rana ta farko gajeren wasa, bai kai minti uku ba. Rana ta biyu dogon wasa, wanda a zamanin da muke magana minti huɗu da rabi ne. A haɗa makin biyun, wanda ya fi yawa ya ci. Shekara huɗu kana shiri, a minti bakwai da 'yan daƙiƙu za a yanke maka hukunci. Kuma ga inda gizo ke saƙar: maki ɗaya ake ba ku ku biyu. In abokinka ya faɗi, kai ma ka faɗi. Ko ka fi kowa iyawa a duniya, in ba ka da abokin wasa, ba ka da sana'a. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, a nan ba karin magana ba ne kawai, dokar gasa ce.

An haifi Aljona ranar 19 ga Janairu 1984 a Obukhiv, wani gari kusa da Kyiv, babban birnin Yukren. Lokacin ƙasar tana cikin Tarayyar Sobiyet. Mahaifinta ne ya fara koya mata zamiya a kan wani tafki da sanyi ya daskarar, daga baya aka sa ta makarantar wasan a Kyiv. Tana wajen shekara 13 ta koma ɓangaren mutum biyu. 'Yar ƙarama ce, tsayinta mita ɗaya da santimita 53, jikin da ake nema ke nan a wannan ɓangaren tunda ɗaga ta za a riƙa yi.

Da wani ɗan ƙasarsu, Stanislav Morozov, ta fara yin suna. Sun ci gasar matasa ta duniya a shekarar 2000, a wani ƙaramin gari da ke gindin duwatsu a kudancin Jamus, sunansa Oberstdorf. Ku riƙe sunan garin, za mu koma can. A 2002 suka je Olamfik ta hunturu a Salt Lake City, Amurka. Tana da shekara 18. Suka zo na 15.

Wannan gasar ta 2002 tana da nata tarihin. A ita ne aka yi badaƙalar da ta sauya wasan gaba ɗaya. 'Yan Rasha, Berezhnaya ɗin nan da abokinta Anton Sikharulidze, aka ba zinare, 'yan Kanada Jamie Salé da David Pelletier suka zo na biyu duk da mutane da yawa na ganin su suka fi yin wasa mai tsabta. Sai alƙaliya 'yar Faransa, Marie-Reine Le Gougne, ta ce an matsa mata lamba ne ta zaɓi Rasha, ko da yake daga baya ta janye maganar. Ƙura ta tashi sosai, har aka raba gardama ta hanyar ba ɓangarorin biyu zinare. Aka dakatar da alƙaliyar shekara uku, ita da shugaban hukumar wasan ta Faransa, Didier Gailhaguet. Shi ma ku riƙe sunansa.

Abin da ya biyo baya shi ne aka soke tsohon tsarin maki, wanda alƙali zai duba wasanka gaba ɗaya ya ba ka wani abu cikin shida. Daga 2004 aka koma sabon tsari. Kowane tsalle, kowace ɗagawa tana da farashinta a rubuce. Akwai kwamitin mutum uku da ke tantance abin da ka yi, suna iya mayar da bidiyo su ƙirga juyinka. Sai alƙalai tara su ƙara maka ko su rage gwargwadon kyan yadda ka yi shi, a zubar da maki mafi sama da mafi ƙasa, a ɗauki tsaka-tsakin sauran. In ka faɗi a cire maka maki ɗaya, ban da asarar da za ka yi a kan abin da ka faɗi a kai. Sannan akwai maki na daban na fasaha: iya sarrafa takalmi, tsarin wasan, da yadda kuka bi kiɗa. Tsarin bai kashe son kai ba, alƙali ɗan Adam ne. Amma aƙalla yanzu akwai takarda da kowa zai iya dubawa ya ga inda kowane ɗigon maki ya fito.

Mu koma kan Aljona. Bayan Salt Lake City ita da Morozov suka rabu. Ga ta da shekara 18, ta ci gasar matasa ta duniya, ta je Olamfik, amma ba abokin wasa. Maza masu tsayi da ƙarfi da suka iya wannan aikin kaɗan ne a kowace ƙasa, saboda haka neman aboki kan zama kamar neman aure, har da 'yan tsakani. Ta hannun wani ɗan jarida labarinta ya kai Jamus, inda wani matashi mai suna Robin Szolkowy shi ma yake zaune ba abokiya. Robin a Jamus ta Gabas aka haife shi a 1979, mahaifiyarsa Bajamushiya, mahaifinsa likita ɗan Tanzaniya da ya yi karatu a can. A 2003 Aljona ta tattara ta koma birnin Chemnitz, ba ta jin Jamusanci, ta fara aiki da Robin a ƙarƙashin wani koci mai suna Ingo Steuer, wanda shi kansa ya taɓa cin gasar duniya a 1997.

A nan takarda ta fara shigowa cikin labarin. Dokar wasan ta ce a gasar duniya da ta Turai, in ɗayanku ɗan ƙasa ne ya wadatar, muddin tsohuwar hukumar ɗayan ta sake shi. Amma a Olamfik dole ku biyun ku riƙe fasfo ɗin ƙasar da kuke wakilta. Aljona ta samu shaidar zama 'yar Jamus a ƙarshen Disamba 2005, saura makonni kaɗan a fara Olamfik ta Turin a Italiya.

Ana murna an tsallake wannan, ashe da sauran rina a kaba. Dab da tafiya sai ta fito fili cewa kocinsu, lokacin yana matashi a Jamus ta Gabas, ya yi wa Stasi aiki. Stasi ita ce hukumar leƙen asirin gwamnatin kwaminisanci ta wancan ɓangaren, wadda ta shahara da sa maƙwabci ya kai rahoton maƙwabci, aboki ya kai na aboki. A Jamus wannan ba ƙaramin tabo ba ne. Kwamitin Olamfik na ƙasar ya cire shi daga tawaga, ya garzaya kotu, kotu ta ce a tafi da shi. Cikin wannan hayaniya suka yi gasar, suka zo na shida.

Rigimar ba ta tsaya a nan ba. Gwamnati ta ce kuɗin jama'a ba zai shiga aljihun Steuer ba. A Jamus 'yan wasa da yawa rundunar soja ce ke ɗaukarsu ta riƙa biyansu albashi su yi ta atisayensu, kuma Robin yana cikin masu wannan gatan. Da ya ƙi rabuwa da kocin, ya rasa gurbin. Ku duba lamarin da kyau: lokacin da Steuer ya yi abin da ya yi, Aljona tana ƙaramar yarinya a wata ƙasa daban. Ba ta san hawa ba ba ta san sauka ba. Amma zaɓin da ya rage musu shi ne su bar mutumin da ya haɗa su kuma ya san sirrin wasansu, ko su zauna da shi su rasa tallafi. Gaba kura baya sayaki. Ni a ganina waɗanda Stasi ta cuta suna da hakkin su ce ba su yarda a biya shi da harajinsu ba, wannan ba abin musu ba ne. Sai dai wanda ya sha bulalar a zahiri su ne 'yan wasan biyu. Suka zaɓi zama da shi, suka riƙa rufa wa kansu asiri da kuɗin gasa da wasannin nishaɗi da masu ɗaukar nauyi.

Kuma suka yi ta ci. Gasar duniya ta 2008 a Gothenburg, tasu ce. Ta 2009 a Los Angeles, tasu ce. Suka ƙara a 2011 a Mosko, 2012 a Nice, 2014 a Saitama ta Japan. Kofin duniya biyar ke nan, ga na Turai huɗu. Shekaru kusan bakwai duk wanda zai ci gasar mutum biyu sai ya bi ta kansu.

Amma Olamfik ta ƙi. A wannan wasan gasar duniya duk shekara ake yi, Olamfik kuwa sai bayan huɗu, kuma ita ce wadda ko wanda bai damu da wasan ba yake kallo. A Vancouver 2010 sun shiga a matsayin zakarun duniya, suna na biyu bayan gajeren wasa. A dogon wasan Robin ya faɗi a wani tsalle, suka ƙare da tagulla. 'Yan Sin, Shen Xue da mijinta Zhao Hongbo, suka ɗauki zinaren, suka karya tarihin da Sobiyet da Rasha suka kafa na cin wannan ɓangaren a kowace Olamfik tun 1964.

Sochi 2014 ta fi ciwo. A Rasha ake yi, kuma waɗanda ke gabansu 'yan gida ne, Tatiana Volosozhar da Maxim Trankov. Wani abin mamaki, Tatiana ma 'yar Yukren ce asalinta. Bayan Aljona ta bar Morozov ita ce ta zama abokiyar wasansa, har Steuer ya horar da su na wani lokaci, kafin ta koma Rasha. Duniyar wasan ƙarama ce, kowa ya san kowa. To a dogon wasan, Robin ya sake faɗuwa a tsallen jere tun da wuri. A ƙarshen wasan kuma suka ajiye abu mafi wuya, jifa mai suna Aksel. Duk sauran tsalle-tsalle da baya ake tashi a sauka da baya. Aksel kaɗai ake tashi ana fuskantar gaba, saboda haka akwai ƙarin rabin juyi, in an ce uku to uku da rabi ne. 'Yan wasa ƙalilan ne suka taɓa saukar da shi a jifa. Suka gwada shi a daƙiƙun ƙarshe, da gajiya a jiki. Ta faɗi. Tagulla kuma.

Bayan wata ɗaya suka ci gasar duniya a Japan, Robin ya ce shi ya gama. Yana da shekara 34, ita 30. A wasan da 'yan mata ke yin ritaya kafin su kai 25, kowa ya ɗauka ita ma sallama za ta yi. Ta ce tana nan, sabon aboki take nema.

Wanda ta ɗauko ya ba mutane mamaki. Bruno Massot, ɗan Faransa daga garin Caen, ta girme shi da shekara biyar. Dogo ne ƙaƙƙarfa, ya fi mita ɗaya da santimita 80, amma bai taɓa hawa mumbarin gasar duniya ko ta Turai ba. Abin da ta gani a jikinsa shi ne ƙarfin cillawa. In Bruno ya cilla ta sama, tsayin da take kaiwa sai ka riƙe numfashi.

Sai takarda ta sake tare hanya. Kafin Bruno ya yi wa Jamus wasa sai hukumar Faransa ta sake shi, kuma wa ke shugabancinta a lokacin? Didier Gailhaguet, mutumin nan na badaƙalar 2002, wanda ya gama zaman dakatarwa ya sake cin zaɓe ya dawo kujerarsa. Hukumar ta ƙi sakin Bruno. Hujjarta ita ce ta kashe kuɗi wajen rainonsa, kuma ba hujjar banza ba ce. Amma aka yi ta jan ƙafa har sama da shekara ɗaya da rabi ba su shiga gasar ƙasa da ƙasa ko ɗaya ba. Ga mai shekara 30 a wannan sana'a, wannan lokacin ba ya dawowa. A tsakiyar jiran ne kuma suka samu saɓani da Steuer, suka rabu bayan shekara 11 tana hannunsa, suka koma Oberstdorf, garin da ta ci gasar matasa, wurin wani koci mai sanyin hali, Alexander König. Sai a Oktoba 2015 Faransa ta sake shi, bayan an biya Yuro 30,000.

A nan zan ɗan ratse. Duk lokacin da ɗan wasanmu ya koma wata ƙasa, abin da muke fara cewa shi ne ba shi da kishi. Francis Obikwelu ya koma Fotugal ya ciyo musu azurfa a tseren mita 100 a Athens 2004. Amma mu tuna a Tokyo an hana 'yan wasan guje-guje da tsalle-tsalle goma na Najeriya shiga gasa saboda ba a yi musu adadin gwajin ƙwayoyi da doka ta ce a yi ba. A Paris 2024 kuma Favour Ofili ta cancanci tseren mita 100, ba a shigar da sunanta ba. Ɗan wasa shekarunsa ƙidayayyu ne, mai kujera kuwa yana iya shekara 20 a kanta. Wannan bambancin ne yake sa mutum ya ɗauki jakarsa, ko a Kyiv yake ko a Legas.

To, mu dawo. Da aka sake su, nan da nan suka nuna ba da wasa suka zo ba: tagulla a gasar duniya ta 2016 a Boston, azurfa a ta 2017 a Helsinki. A tsakani, cikin Nuwamba 2016, jifan Aksel ɗin nan ya sake cin ta a wata gasa a Faransa, ta ji rauni a idon sawu, ta yi makonni tana jinya.

Saura fasfo ɗin Bruno. Jamus ba ta ba da shaidar zama ɗan ƙasa sai ka ci jarrabawar harshe. Bruno ya rubuta ya faɗi. Ya sake, ya sake faɗuwa. Ku yi tunanin wannan: mace ta ci kofin duniya biyar, ta jira shekara da shekaru, amma zuwanta Olamfik ta ƙarshe ya rataya a kan ko wani Bafaranshe zai iya nahawun Jamusanci. A karo na uku ya ci. Takardarsa ta fito a Nuwamba 2017, saura ƙasa da wata uku.

PyeongChang, Koriya ta Kudu, Fabrairu 2018. Wasunku za su tuna wannan gasar, domin ita ce Olamfik ta hunturu ta farko da Najeriya ta taɓa zuwa, da 'yan matan nan na keken ƙanƙara, su Seun Adigun. Aljona tana da shekara 34. Don ku gane me wannan ke nufi, yarinyar da ta ci zinaren mata masu wasa su kaɗai a wannan shekarar, Alina Zagitova, shekararta 15. Ranar da Aljona ta fara taka Olamfik a 2002, ba a haife ta ba.

Ranar 14 ga wata aka yi gajeren wasa. Aka zo tsallen jere, wani da ake kira Salko, juyi uku ya kamata kowa ya yi. Aljona ta yi uku. Bruno ya yi biyu. Bai faɗi ba, wanda bai san wasan ba ma ba zai lura ba. Amma doka ta ce da mafi ƙaranci ake lissafi, saboda haka wajen maki uku suka tafi nan take, ban da ragin alƙalai. Suka samu 76.59, suna na huɗu. 'Yan Sin, Sui Wenjing da Han Cong, zakarun duniya a lokacin, suna da 82.39. Tazarar ta kusa maki shida. Kyamara ta nuna Bruno ya dafe kai, ya kasa ɗago ido. Karo na uku ke nan a jere da tsallen abokin wasa yake neman raba ta da zinare.

Washegari dogon wasa. Akwai shawarar da suka yanke tun kafin zuwa wadda ni nake ganin ita ce ta ci musu gasar: sun ajiye jifan Aksel. Abin da ta shekara da shekaru tana nacin sai ta saukar a babban fage, ta haƙura da shi, suka sa jifa biyu masu juyi uku da suka tabbata suna iyawa. Lissafin sabon tsarin ke nan. Abu mai matsakaicin farashi da aka yi shi da kyau har alƙalai suka cika masa ƙari, ya fi abu mai tsada da aka faɗi a kai. Sai suka zuba ƙarfinsu a tsarin wasan. Suka ɗauko Christopher Dean, Baturen Ingila da shi da Jayne Torvill suka samu cikakken maki na fasaha daga dukkan alƙalai tara a Olamfik ta 1984, ya taya su tsara shi a kan wani kiɗa na Armand Amar. Abin da ya bambanta wasan shi ne ba ka ganin inda ake shirin yin abu. Yawancin 'yan wasa za ka ga sun tsaya da rawa, sun ɗau dogon gudu, ka san tsalle na zuwa. Su kuwa ɗagawa tana fitowa ne daga cikin taku, jifa ta fito daga cikin juyi, kamar zare ɗaya ake ja tun daga farko har ƙarshe.

Su suka fara fita a rukunin ƙarshe mai tawaga huɗu. Cillawa ta tafi daidai. Jifa ta farko daidai. Aka zo Salko ɗin da ya ba su kunya jiya, Bruno ya yi uku cif. Minti huɗu da rabi ba kuskure ko ɗaya. Da kiɗan ya tsaya, Aljona ta zube a kan ƙanƙara, Bruno ma ya zube kusa da ita. Maki ya fito: 159.31, mafi yawa da aka taɓa ba wasu a dogon wasa. Jimla 235.90.

Sai jira, domin duk waɗanda suka fi su jiya ba su fito ba tukuna. 'Yan Kanada, Meagan Duhamel da Eric Radford, suka yi nasu, ba su kamo su ba. Sui da Han suka fito, suka yi wasa mai ƙarfi, har da cillawa mai juyi huɗu. Amma a tsallen jere suka yi 'yan kura-kurai, shi ya rage juyi a ɗaya, ita ta yi tuntuɓe a saukar wani. Jimlarsu 235.47. 'Yan Rasha da suka rufe fage, Evgenia Tarasova da Vladimir Morozov, wasan ya watse musu, suka ƙare na huɗu.

Ku cire 235.47 daga 235.90. Abin da ya rage 0.43 ne, bai kai rabin maki ba. Da shi Aljona Savchenko ta ci zinare a Olamfik ɗinta ta biyar, da abokin wasa na uku da ta je da shi, shekara 16 bayan ta zo ta 15. Rabon Jamus da zinare a wannan ɓangaren tun 1952.

Bayan wata ɗaya suka je gasar duniya a Milan suka ci da 245.84, kofinta na shida, lambarta ta 11 a gasar duniya. Daga wannan kakar hukumar wasan ta sake gyara ma'aunin maki, ta rufe tsohon littafin bajinta ta buɗe sabo, saboda haka wannan adadin yana nan a matsayin mafi girma na wancan zamanin, ba mai sake taɓa shi. Daga Milan ba su ƙara shiga gasa tare ba, dukansu suka koma horar da 'yan baya.

Su kuma Sui da Han da aka kayar da 0.43, sun jira shekara huɗu. A Beijing 2022, a gaban mutanensu, suka ci zinaren. Tarasova da Morozov ne suka zo na biyu, tazarar 0.63.

Wasan PyeongChang ɗin yana YouTube, ku rubuta Savchenko Massot 2018 zai fito. Ku lura da tsayin cillawar farko, sannan ku dubi fuskar Bruno bayan ya sauka daga Salko. In kun kalla ku faɗa mana a ƙasa abin da kuka gani. Sai mun haɗu a shiri na gaba, ku huta lafiya.